FINAFINAN RAZANARWA DA AKA JUYA ZUWA HAUSA: MATSAYIN MAI KALLO A ƘANƘARA DA FASKARI DA SABUWA

1.0 Gabatarwa

Manufar wannan takarda ita ce mu duba wani nau'i na kallo da ya shigo ƙasar Hausa ta wayar hannu, watau finafinan ban tsoro na ƙasashen waje waɗanda aka cire musu muryarsu ta asali aka ɗora musu ta Hausa. Ba dukkansu za mu taɓa ba. Hankalinmu zai tsaya ne a kan waɗanda tsoronsu ke aiki a cikin tunanin mai kallo, waɗanda za mu riƙa kira finafinan razanarwa. Mun zaɓi ƙananan hukumomi uku na kudancin Jihar Katsina, watau Ƙanƙara da Faskari da Sabuwa, domin a irin waɗannan wurare ne mas'alar ta fi nauyi: me ke faruwa idan aka kai wa mutumin da ya san tsoro na gaske wani tsoro na wasa, kuma da harshen da ya tashi da shi?

Abin da muke so mu nuna shi ne, tsoron wasa ba ya zama nishaɗi sai in akwai tazara tsakaninsa da mai sauraro. Hausawa sun daɗe da sanin haka, har sun kafa wa tatsuniya shingen da ke tsare wannan tazara. Fassara da wayar hannu da taɓarɓarewar tsaro sun haɗu sun rage ta ƙwarai. Saboda haka aikin da ke gaban malamai da masu fassara shi ne mayar da wannan shinge, tun da yake hana kallon gaba ɗaya abu ne da ba ya yiwuwa.

2.0 Ma'anar Fim na Razanarwa

Finafinan ban tsoro iri-iri ne. Akwai na dodanni, akwai na fatalwa, akwai na kisa da zubar da jini. Fim na razanarwa ya sha bamban da waɗannan, domin shi mai kallo ba ya sanin inda haɗarin yake, kuma sau da yawa ba ya iya rarrabe abin da ya faru da gaske da abin da tunanin ɗan wasa ya ƙaga masa. Misalai biyu daga Amurka za su wadatar. A cikin Psycho, wanda Alfred Hitchcock ya shirya a 1960, wani saurayi ne mai ladabi da ke kula da masaukin baƙi, ashe shi ne mai kisan, yana sa tufafin mahaifiyarsa da ta rasu, yana magana da muryarta. A cikin The Shining na Stanley Kubrick, na 1980, magidanci ne ya tafi da iyalinsa gadin wani otal a lokacin tsananin sanyi, hankalinsa ya juye, ya ɗauki gatari ya bi matarsa da ɗansa.

Hausawa na cewa tsoro na daji, kunya na gida. To, aikin irin wannan fim shi ne ya ɗauko tsoro daga daji ya shigo da shi tsakar gida, ya ɗora shi a kan uba ko uwa ko maƙwabci. Masanin halayyar ɗan Adam, Sigmund Freud, ya yi bayanin haka tun 1919, inda ya nuna cewa abin da ya fi tayar da tsikar jiki shi ne abin da aka saba da shi idan ya rikiɗe ya zama baƙo.

To, me ya sa mutum zai nemi a tsorata shi da kansa? Dolf Zillmann ya kawo wani bayani a 1971. A ganinsa, bugun zuciya da ɗaurewar jiki da tsoro ke jawowa ba sa sauka nan take, sai su zuba cikin abin da mutum ya ji daga baya su ƙara masa ƙarfi. Idan jarumi ya tsira aka kama mugu, ragowar tsoron sai ta koma farin ciki mai yawa. Amma fa finafinan razanarwa da dama da gangan suke ƙarewa ba tare da an warware ƙullin ba. Ke nan mai kallo zai tashi da ragowar tsoronsa, ya tafi da ita shimfiɗa.

3.0 Yadda Fim Ya Iso da Hausa a Bakinsa

Fassara wa Bahaushe fim ba sabon abu ba ne. A zamanin Turawa, motar majigi takan shiga gari da almuru, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada, wani ma'aikaci ya riƙe lasifika yana bayyana wa jama'a abin da suke gani. Wannan yanki ma yana da rabonsa a tarihin, domin a Daudawa, wadda take cikin Ƙaramar Hukumar Faskari a yau, aka shirya Baban Larai a shekarun 1950 don koyar da noman auduga. Abin lura shi ne, mai sharhin majigi yana tsaye a gaban jama'a, suna ganinsa, sun san cewa muryarsa dabam, hoton dabam.

Sa'an nan sai gidajen silima suka yawaita a birane, 'yan kasuwa Kwarori suka riƙa kawo finafinan Indiya. Brian Larkin da Abdalla Uba Adamu sun yi rubutu mai yawa a kan yadda Hausawa suka rungumi waɗannan finafinai ba tare da suna jin harshen Indiyanci ba. Har da masu ɗan ban tsoro a ciki, kamar Nagin na 1976, labarin macijiyar da ke rikiɗa ta zama mace tana ɗaukar fansa. Mai kallon wancan zamani da ido yake bin labari, maganar kuwa kiɗa ce kawai a kunnensa.

Bayan 2010 sai sana'ar ɗora murya ta kafu a Kano, wadda aka fi sani da Indiya-Hausa, kuma kamfanin Algaita na cikin waɗanda suka yi fice a kanta. An fi ɗauko finafinan kudancin Indiya, daga baya aka faɗaɗa zuwa na wasu ƙasashe. A nan muryar asali ta ɓace ɗungum, ɗan wasan Indiya ya buɗe baki Hausa ta fito. Hanyar isar da su ga jama'a ita ma ta sauya. Babu tikiti, babu mai gadin ƙofa. Mutum zai miƙa wayarsa ko memori ga masu turi a kasuwa ko a shagon cajin waya, a cika masa da finafinai a kan kuɗi kaɗan, shi kuma ya tura wa abokansa kyauta. A watan Satumba na 2021, sa'ad da aka katse layukan waya a ƙananan hukumomi 13 na Jihar Katsina, ciki har da ukun nan, domin yaƙi da 'yan bindiga, wayar ta daina kira, amma fim ɗin da ke cikin memori bai daina aiki ba, tun da shi ba ya bukatar sabis.

4.0 Shingen da Tatsuniya Take da Shi

Kafin mu ga abin da aka rasa, ya kamata mu tuna abin da ake da shi. Bahaushe bai taɓa ƙin tsorata yara da labari ba. Dodo yana cin mutane a tatsuniya, mayya tana kama kurwa, kishiyar uwa tana tura marainiya kogin da ba a dawowa. Amma tatsuniya tana zuwa da sharuɗɗanta. Tana da mabuɗi, a ce ga ta nan ga ta nanku, wanda ke shaida wa yaro cewa an bar duniyar gaskiya. Tana da marufi, a ce ƙurunƙus, har mai bayarwa ta danganta ƙaryar ga gizo. Ana yin ta cikin taro, yaro na jingine da 'yan uwansa. Mai bayarwa kuwa, kaka ce ko uwa ko gwaggo, tana kallon fuskokin yaran, in ta ga ƙaramin cikinsu ya fara maƙalewa sai ta sassauta, ta jefa waƙa ko abin dariya. Daɗin daɗawa, dodon tatsuniya a daji yake ko a rafi, kuma galibi a ƙarshe dabara ce ke kayar da shi.

Majigi da silima da gidan kallo duk sun riƙe wani abu na wannan shinge, domin cikin jama'a ake kallo, in an firgita a firgita tare, a yi dariya tare, a tashi a rako juna gida. Wayar hannu ba ta bar ko ɗaya ba. Matashi ne shi kaɗai a ɗaki cikin duhu, fuskar wayar na dab da idonsa, muryar na shiga kunnensa kai tsaye, babu mai sassautawa, babu mai cewa ƙurunƙus.

5.0 Abin da Fassara Take Yi

Abu na farko shi ne nauyin harshen uwa. A 2003 Catherine Harris da abokan aikinta sun gwada wasu Turkawa mazauna Amurka waɗanda suka koyi Ingilishi bayan sun girma. Sun sa musu na'urar da ke auna motsin zufa a fata, suka riƙa jiyar da su kalmomi cikin harsunan biyu. Sai aka ga jikinsu ya fi amsawa idan an yi musu irin tsawar da ake yi wa yara da Turkanci, ko da yake sun fahimci ma'anar da Ingilishi sarai. Dalili kuwa shi ne, harshen da aka yi wa mutum tsawa da rarrashi da shi yana yaro, shi ne yake ɗaure da zuciyarsa. Idan muka ɗora wannan a kan batunmu, muryar da ta raɗa da Tamilanci amo ce kawai a kunnen Bakatsine. Amma idan ta raɗa ta ce, "Kada ka waiwaya, ina bayanka," ta yi magana ke nan da muryar da za ta iya zama ta wani na gida. Bugu da ƙari, masu fassara sau da yawa sukan sa wa 'yan wasa rantsuwa da salati da gaisuwa irin tamu, abin da ke ƙara matso da labarin kusa.

Abu na biyu shi ne ƙarancin kalmomin da suka shafi lafiyar ƙwaƙwalwa. Mu ɗauki labarin Manichitrathazhu, fim na harshen Malayalam na 1993, wanda aka sake shiryawa da Tamilanci a 2005 da sunan Chandramukhi, da kuma Indiyanci a 2007 da sunan Bhool Bhulaiyaa. Wata matar aure ce ta shiga tsohon gida, ta fara magana da rawa kamar wata mai rawar fada da ta mutu tun da daɗewa. Mutanen gida suka ɗauka fatalwa ce ta shige ta. Sai likitan ƙwaƙwalwa ya zo ya gano cewa cuta ce wadda ke raba tunanin mutum gida biyu, tushenta kuwa wani rauni ne na ƙuruciya. Duk armashin labarin yana kan wannan bayani na likita. To, mai fassara da ya iso wannan gaɓa, wace kalma zai ɗauka? Waɗanda ke kusa da hannunsa su ne hauka da taɓuwa da shafar aljanu da sammu. In ya ce hauka, ya jefa matar cikin ajin masu yawo a bola. In ya ce aljanu, ya mayar da maganar likita ta zama irin ta mutanen gidan, watau ya kifar da labarin.

Ba musun samuwar aljanu muke yi ba, abu ne da addini ya tabbatar. Abin da muke faɗa shi ne, idan kowace irin damuwa ta zuciya sunanta ɗaya a bakinmu, to, maganinta ma ɗaya za a nema. Wanda ya tuna abin da ya faru a wasu makarantun 'yan mata na Kano a tsakiyar shekarun 1990, lokacin da aka yi ta maganar Sumbuƙa, ya san yadda firgici ke yaɗuwa tsakanin ɗalibai idan an ba shi suna.

Abu na uku ya saɓa wa biyun farko, kuma adalci ne mu ambace shi. Masu fassarar Indiya-Hausa sun shahara da barkwanci da salon maganar matasa da laƙaba wa 'yan wasa sunaye na ban dariya. Wannan yakan karya lagon tsoro, ya tuna wa mai kallo cewa wani ne a Kano yake magana a gaban na'ura. Ta wannan fuska mai fassara ya gaji mai sharhin majigi, har ma ya gaji kaka mai tatsuniya. Ashe ke nan a hannunsa tazarar take, in ya so ya rage ta, in ya so ya ƙara.

6.0 Mai Kallo a Ƙanƙara da Faskari da Sabuwa

Waɗannan ƙananan hukumomi suna maƙwabtaka da dazuzzukan da suka haɗa Katsina da Zamfara da yankin Birnin Gwari na Jihar Kaduna, kuma sun shafe shekaru suna fama da 'yan bindiga. A watan Yuni na 2020 an kai hari ƙauyen Kadisau na Faskari, aka kashe mutane da dama. A daren 11 ga Disamba na 2020 aka afka wa Makarantar Sakandaren Kimiyya ta Gwamnati da ke Ƙanƙara aka kora ɗalibai cikin daji, sai ranar 17 ga wata aka sako 344, bisa ƙidayar gwamnati. A nan tsoro ya riga ya baro daji ya shigo gida tun kafin fim ya kawo shi.

Bincike biyu za su taimaka mana. A 1999 Kristen Harrison da Joanne Cantor sun tambayi ɗaliban jami'a a Amurka, kusan kashi 90 cikin ɗari suka ce sun taɓa kallon abin da ya firgita su suna yara ko suna matasa, kuma fiye da kashi ɗaya cikin huɗu suka ce har lokacin tambayar abin bai sake su ba. Cantor ta kuma nuna cewa ƙananan yara sura mai muni ce ke tsorata su, amma da zarar yaro ya tasa, abin da ya fi razana shi shi ne wanda zai iya faruwa da shi da gaske. Na biyu, ƙiyasin Hukumar Lafiya ta Duniya na 2019 ya nuna cewa kimanin mutum ɗaya cikin biyar na mazauna yankunan rikici yana fama da wata larura ta ƙwaƙwalwa, kamar baƙin ciki mai tsanani ko fargaba ko firgicin da ke biyo bayan masifa.

Mu haɗa waɗannan da misali. Ratsasan fim ne na Tamilanci na 2018, labarin wani mai sace 'yan mata 'yan makaranta yana kashe su. Ga mai kallo a inda ake zaman lafiya, wannan ƙagaggen labari ne. Ga yaron da aka taɓa tasa ƙeyarsa cikin daji, ko uwar da ta kwana shida a ƙofar makaranta tana jira, tuni ne. Wanda maciji ya sara, in ya ga tsumma sai ya gudu. Ƙwanƙwasa ƙofa da tsakar dare, ko takun ƙafa a bayan ɗaki, ko kukan yaro da Hausa yana kiran mahaifiyarsa, suna iya tayar da abin da ya kwanta: mugun mafarki, zabura cikin barci, ƙin kwana shi kaɗai, rashin natsuwa a aji.

Duk da haka kada mu ɗauka kowa cutuwa yake yi. A lokacin annobar korona ta 2020, Coltan Scrivner da abokan aikinsa sun gano cewa masu sha'awar finafinan ban tsoro sun nuna ƙarancin damuwa fiye da sauran waɗanda aka tambaya. Ana ganin dalilin shi ne, mai kallo yana horar da zuciyarsa da tsoron da linzaminsa ke hannunsa, in ya ga dama ya tsayar. Ga baligin da ya zaɓa da kansa, wannan na iya zama hutu daga tsoron da ba a tsayarwa. Amma sharaɗin shi ne zaɓi da sani. Ƙanen da ke leƙe ta kafaɗar wansa bai zaɓa ba, haka ma wanda aka tura wa fim mai suna irin na barkwanci bai san abin da ke ciki ba.

7.0 Shawarwari

Na farko, ga masu fassara. Hukumar Tace Finafinai ta Ƙasa, wadda aka kafa a 1993, tana raba finafinai bisa shekarun masu kallo, Jihar Kano ma tana da tata hukumar tun 2001. Amma alamar da aka buga a kwalin faifai ba ta bin fim cikin memori. Ya kamata gargaɗin ya zama da baki, da Hausa, a farkon fim, a faɗi cewa akwai satar mutane ko kisa ko firgici a ciki, kuma ba na yara ba ne. Wannan shi ne mabuɗin tatsuniya a sabuwar siga, kuma ya isa ga wanda bai yi boko ba.

Na biyu, ga masu turi. Su ware irin waɗannan finafinai a jaka dabam, kada su cakuɗa su da na soyayya da na dariya, kuma kada su tura wa ƙaramin yaro.

Na uku, ga mu malamai. Sassan Hausa na Jami'ar Umaru Musa 'Yar'aduwa da Kwalejin Ilmi ta Tarayya ta Katsina da Kwalejin Ilmi ta Isa Kaita da ke Dutsinma suna iya zama da likitocin ƙwaƙwalwa, kamar na asibitocin tarayya na Kaduna da Kware, a daidaita kalmomin Hausa da za su rarrabe fargaba da firgici da rabuwar tunani da hauka, a miƙa su ga masu fassara da gidajen rediyo. Dokar lafiyar ƙwaƙwalwa da aka sa wa hannu a 2023, wadda ta maye gurbin ta 1958, ba za ta yi tasiri a karkara ba sai ta sami kalmomin da za a yi bayaninta da su. Haka kuma ɗalibanmu masu fita koyarwa a wannan yanki su san alamomin firgici, domin yaron da ke gyangyaɗi a aji ba lalle ne malalaci ba ne.

Na huɗu, ga iyaye da malaman addini. In za a kalla, a kalla tare, da sauran rana, a tattauna bayan an gama. In yaro ya firgita, a yi masa addu'a, in abin ya daɗe a kai shi asibiti. Tun 1954 Dokta Adeoye Lambo ya nuna a Aro ta Abeokuta cewa likita da iyali da masu maganin gargajiya suna iya aiki tare.

8.0 Kammalawa

A cikin wannan takarda mun bayyana fim na razanarwa, mun bi sawun fassarar fim daga majigi zuwa memori, mun kuma nuna cewa harshen uwa yana ƙara wa tsoro kaifi, kaɗaicin wayar hannu ya ɗauke taron da ke rage shi, halin da Ƙanƙara da Faskari da Sabuwa suka shiga kuwa ya sa labarin ya yi kama da gaskiya. Ɗora murya ci gaba ne ga harshen Hausa, domin ta nuna cewa babu labarin da ba zai iya ɗauka ba. Sai dai wanda ya ari bakin kaka don ya ba da labari, ya ari nauyin da ke kanta na duba fuskar mai sauraro. Muna fata mahalarta wannan taro, musamman masu nazarin fassara da na halayyar yara, za su ɗora daga inda muka tsaya.